Kafin a Liƙe Rumbun Farko

Alhamis, 22 ga Maris, 2018

Mun dawo Birnin Kudu. An gama wankan jego, an gama ɗura mini kunun kanwa. Na baro Kano da jariri, da tulin kayan barka, da haruffa biyu: SS.

A asibitin da na haihu suna ɗan huda dunduniyar jarirai su ɗauki jini. Da dariyata na miƙa ƙafarsa, don na san ni AS ce, shi kuwa Ishiyaku kafin aurenmu wani ɗakin gwaji a bayan tasha ya ce masa AA ne. An sake gwada shi. AS ne. Shekara da shekaru ina koyar da Bayoloji, ina zana wa 'yan mata akwatin nan mai gida huɗu a allo, ina ce musu ɗaya cikin huɗu ne zai zo da sikila. Ɗana ya faɗa a gidan nan na huɗu.

Ɗan fari ne, a gaban mutane ba na kama sunansa. A nan zan kama. Abdulmuhaimin.

Asabar, 14 ga Afrilu

Inna Batulu, uwar Ishiyaku, ta zo daga Maruta da man shanu da daddawa. Ta ɗaga shi sama, ta jijjiga, ta duba cinyoyin.

"Wannan ne mai ciwon? Kaltume, gani ya kori ji. Dubi angona kamar ɗan maraƙi."

Na ce Inna, ba yanzu yake nunawa ba. Ta ce in daina yi wa yaro mugun baki. Me zan ce? Yaron yana ta ƙiba, ko atishawa bai taɓa yi ba. Ni ce na zama mai neman ciwo da fitila.

Talata, 8 ga Mayu

Na koma makaranta. Maƙwabciyata Azumi ke riƙe shi har in taso.

Bari in rubuta abin yadda na fahimce shi, ko zuciyata ta rage zafi. A jaka na tara takardun da na karanta a waya, har ido ya fara yi mini ruwa.

Kowane tantanin jikinmu yana ɗauke da ƙwayoyin gado iri ɗaya, cif. Na ido da na hanta duk kaya ɗaya aka ba su. Bambancin kawai wanne aka buɗe, wanne aka rufe, kuma yaushe. Himoglobin, abin nan da ke ɗaukar iska a cikin jini, ba iri ɗaya mutum ke yi ba tun daga farko. Ɗan tayi yana da nasa, daga ƙwayar gado daban. Bayan haihuwa sai jiki ya fara rufe waccan a hankali, ya buɗe ta manya. Kamar gida mai rumbu biyu: ana ci daga na farko, in lokaci ya yi a liƙe bakinsa a koma na biyu. Rumbun farko na Abdulmuhaimin lafiya lau yake. A na biyun ɓarnar take.

To lafiyar da Inna ke gani ba ƙarya ba ce. Aro ce.

Akwai wani furotin da aikinsa ke nan, ya je ya zauna a kan ƙwayar gadon ɗan tayi ya hana a karanta ta. Sunansa BCL11A. Da na faɗa wa Ishiyaku sai ya ce kamar lambar tirela. Direba ne, komai sai ya kai shi tasha. Na yi dariya, sannan na ji haushin kaina. Wani abu da ko madubin asibiti ba ya gani yana cikin ɓargon ɗana yana aikinsa ba hutu, kuma ba laifi yake yi ba, abin da yake yi wa kowane ɗa ke nan.

Laraba, 20 ga Yuni

Ya ƙyalƙyale da dariya yau. Ni kuma ina duba farin idonsa.

Alhamis, 23 ga Agusta

Yawon Babbar Sallah a Maruta. Gero ya yi tsayi har ba a hango gari sai an shigo. Yaro daga hannu sai hannu. Zahara'u, matar Sabo ƙanen Ishiyaku, wadda bakinta ba ya gajiya, ta ce, "Yaya Malama, na'urar nan dai ai ta taɓa yi wa Yaya ƙarya. Me zai hana ta yi wa ɗansa?"

Aka kwashe da dariya. A hanya Ishiyaku ya maimaita maganar, yana tuƙi yana murmushi. Ya kama ta da hannu biyu. Ban ƙwace masa ba. Mutumin da ke jigilar fasinja Kano kullum, ko ba komai ya samu abin da zai riƙe a hanya.

Na karanta cewa akwai waɗanda rumbunsu na farko ba ya liƙewa duka. Suna girma da jinin ɗan tayi mai yawa, ciwon ya zo musu da sauƙi. Kaɗan ne. Ina roƙon Allah a ɓoye ya sa yana cikinsu.

Asabar, 15 ga Satumba

Ya zo.

Bayan hannayensa biyu sun kumbura sun yi sulɓi, yatsun kamar za su fashe. Ƙafa ɗaya ma haka. Ko zane ya taɓa wurin sai ya sandare da kuka. Ban taɓa jin irin wannan kukan ba, ba na yunwa ba ne, ba na rigima ba. An kwantar da mu a asibiti a nan gari.

Ishiyaku ya tsaya a bakin gado da mukullin mota a hannu, ya kasa zama. Bai dube ni ba. Da ma ni ce na yi kuskure, wallahi da na fi kowa murna.

Talata, 18 ga Satumba

Inna ta aiko ta wayar Sabo: haƙori ne, duk yaro yana yi. Na ce a gaishe ta.

Laraba, 10 ga Oktoba

Kano, asibitin masu sikila. Likitar mace ce, ba ta da yawan magana, na ji daɗin hakan. An auna jinin ɗan tayi da ya rage masa. Yana sauka kamar na kowa. Ba ya cikin 'yan kaɗan ɗin nan.

Ta kama hannuna ta ɗora a cikinsa, gefen hagu, ƙarƙashin haƙarƙari. Ta ce nan saifa take. A yara irinsa wani lokaci jini yakan taru a cikinta ya ƙi fita, ciki ya kumbura, yaro ya yi fari, ya yi laushi. "In kika ji ta sauko ta yi tauri, kada ki jira mijinki, kada ki jira la'asar. Jini za a ƙara masa." Ta sa na maimaita mata kamar ɗaliba.

Laraba, 14 ga Nuwamba

An fara ba shi wani magani, haidiroksiyuriya. Ba ya gyara ƙwayar gadon da ta lalace, wannan ba mai iya masa a nan. Abin da yake yi shi ne ya sa jiki ya ɗan sake buɗe ta ɗan tayin, jinin farko ya ƙaru ya gauraya da na biyu, ya rage lanƙwashewar ƙwayoyin jini. Da sirinji nake ɗiga masa a baki kowace safiya. Yana tofarwa, ina mayarwa. Taurin kai dai ba a ƙasa ya tsinta ba.

Lahadi, 10 ga Fabrairu, 2019

Shekara ɗaya. Ya taka daga tabarma zuwa turmi ya faɗi a kan ɗuwawu, ya waiga ya ga ko an gani. Tun Nuwamba ba mu kwana a asibiti ba. Awon jinin ya nuna na ɗan tayin ya hau. Likita ta ce madalla, daga bakinta wannan babban yabo ne.

Na shiga aji ranar Juma'a na koyar da yadda ƙwai ɗaya ke zama mutum, har na manta an kaɗa ƙararrawa. Wata yarinya ta ce, "Malama, yau kina cikin nishaɗi." Na ce ta mai da hankali kan littafinta.

Litinin, 27 ga Mayu

Azumin watan nan na wahalar da ni bana, nake ta cewa. Ba azumi ba ne. Ciki ne.

Malamar Bayoloji guda, da goyo a baya. Kwanika. Ina jin kalmar tun ina yarinya, ana faɗinta ƙasa-ƙasa ana taɓe baki. Ishiyaku ya ce, "Allah ya raba lafiya," amma na san gida huɗun nan yake gani.

Asabar, 15 ga Yuni

Ban faɗa wa kowa ba. Inna ta zo gaisuwar Sallah a makare, ta dube ni sau ɗaya ta gane. Ta jira Ishiyaku ya fita, ta ja ƙofa.

"'Yar nan, har yanzu yana sha?"

Na ce yana sha. Ta kama haɓa. Ta ce nonon ciki guba ne ga yaro, ya kumbura masa ciki, ya tsotse shi, ya hana shi tafiya. Na ce Inna, babu wannan a ilimi, nono nono ne. Ta ce ita ta binne ɗan ƙanwarta a kan haka, ba a littafi ta karanta ba. A ba ta shi ta tafi da shi yaye, kafin ciki ya fito duniya ta sani. Da ma ɗan fari nata ne.

Na ce a'a. Na faɗa da ƙarfi har na ji kunya.

Lahadi, 23 ga Yuni

Sati guda ana abu ɗaya. Ishiyaku ya ce uwarsa ce, ta raini bakwai. Hajiyata a Kano, da na kira ta don ta tsaya mini, ta ce, "Kaltume, a kan ɗan fari za ki tsaya kina ja-in-ja da surukarki? Ina kunyarki?" Ni kuma ga amai, ko ruwa ba ya zama, ga jarrabawar ƙarshen zango, ga Azumi za ta tafi garinsu aikin gona.

Yaron kuma lafiyarsa ƙalau. Wannan ne ya fi karya ni. Da yana ciwo da ba wanda zai buɗe baki.

Lahadi, 30 ga Yuni

Mun kai shi Maruta. Zuwa hutun makaranta kawai, haka muka yi da Inna.

Na nuna mata sirinji, na ɗaura zare a inda maganin zai tsaya. Na ba ta gidan sauro. Na kwantar da shi a tabarma na kama hannunta na ɗora a gefen hagu, yadda aka yi mini. Hannunta ya fi nawa sanin jikin yaro, nan da nan ta gane wurin. Na ce in ta ji ya sauko ya yi tauri, ko ya yi fari, ta sa Sabo ya kira mu a take. Ta ce, "Na ji, likita."

Ba a so yaro ya ga uwarsa tana tafiya. Ta goya shi ta zaga bayan gida wai za su ga akuya. Na fita ta zaure kamar ɓarauniya.

Lahadi, 7 ga Yuli

Nono ya cika ya yi dutse. Sabo ya ce yaron ya daina kuka, yana cin tuwo, yana bin kaji. Ba a yarda in je ba, wai zai tuna.

Lahadi, 14 ga Yuli

Na ji muryarsa a waya, yana ce wa wani abu "tai, tai". Inna ba ta tsallake magani ko sau ɗaya ba, in ji Sabo, kafin ta karya take ba shi. Na ji kunyar zargin da na yi mata a raina.

Juma'a, 19 ga Yuli

Shekaranjiya Laraba. Ina cikin aji ina raba takardun jarrabawa aka ce ana kirana a ofis.

Sabo ne ya ɗauko Inna da yaron a babur zuwa bakin titi, ruwa ya ɓata hanya, daga nan suka samu mota. Na riga su isa asibiti. Da Inna ta kwance goyon ban gane shi ba. Leɓɓansa fari fat, tafin hannu kamar takarda, ciki ya yi tsini. Ban ma buƙaci lalube ba, saifar ana ganinta. Ya buɗe ido. Ban sani ba ko ya gane ni.

Ma'aikatan sun yi sauri, ba zan ɗora musu ba. Suna neman jijiya, ana gwada jini, Ishiyaku yana hanyar dawowa daga Wudil. An kawo ledar jinin. Ba a kai ga ratayawa ba.

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Mata sun cika gida. Wata ta ce, "Ki yi haƙuri, ki daure, ɗan fari ne, kada a ga hawayenki." Na daure. Na zauna ina amsa gaisuwa, rigata tana jiƙewa ta gaba.

Alhamis, 25 ga Yuli

Inna ba ta koma Maruta ba. Ba ta cin abinci. Yau da hantsi ta shigo ɗakina ta zauna a ƙasa, ita da ba ta taɓa zama ƙasa da ni ba.

Tun ranar Litinin ta ji. Zazzaɓi ya fara, ta taɓa wurin, ta ji ya sauko ya yi tauri, daidai yadda na nuna mata.

Na ce to me ya hana ki kira, Inna.

"Na ce a raina wannan ba ciwonku na asibiti ba ne. Nonon cikin nan ne da ya sha ya fito masa. Na san shi, haka ɗan ƙanwata ya yi, ciki ya kumbura, jiki ya yi fari." Ta goge fuska da gefen mayafi. "Waya kuma a ɗakin Zahara'u take. In na ce a kira a ce cikinsa ya kumbura, kafin azahar Maruta duka ta san kin yi kwanika. Na ce bari in rufa miki asiri, in jiƙa masa saiwa kwana biyu ya saɓe. Maganinki ban fasa ba, Kaltume. Har ranar Laraba na ba shi."

Ta ciro sirinjin daga ƙullin zanenta, zaren yana nan. Ta ajiye a gabana.

Na so in yi ihu. Na so ta kasance muguwa, ko mai sakaci, in samu inda zan ajiye abin da ke ƙirjina. Mutuncina ta tsaya karewa. Na koya mata inda za ta taɓa, ban san akwai wani suna da ta riga ta tanadar wa abin da za ta ji ba.

Ban ce na yafe ba. Ban ce ban yafe ba. Na ce ta tashi ta ci abinci.

Litinin, 23 ga Satumba

An koma makaranta. Ciki ya fito, kowa ya gani, ba wanda ya ce komai. Asirin da aka rufe ke nan.

Na roƙi a ba wani malami darasin gado na 'yan aji uku. Na karɓi tsirrai.

Asabar, 16 ga Nuwamba

Na cikin nan yana motsi sosai, ya fi wancan. Ishiyaku ya rage zuwa Kano, ya koma ɗaukar Gwaram da Basirka, wai don ya riƙa kwana kusa. Ba ma maganar. Jiya ya ce, "Malama, uku cikin huɗu fa lafiya ne." Na ce haka ne. Lissafinsa daidai ne, ni na koya masa.

Inna ta aiko da zuma. Na karɓa.

Litinin, 20 ga Janairu, 2020

Lokacin da suka ba ni ya wuce. Ban tafi Kano ba wannan karon, a nan zan haihu. An ce za a iya kai jinin jaririn can a gwada, na ce to.

Azumi ta ce in riƙa daka, in riƙa zaga gida, zai sauko. Na ce bayana ke ciwo. Ranar Alhamis malamar awo ta ce in dawo yau da kayana, in bai zo da kansa ba za su sa mini ruwan naƙuda. Kayan suna nan a ɗaure a bakin ƙofa. Ishiyaku ya wanke mota tun da safe, ya leƙo ya fi a ƙirga. Na ce masa sai na gama gyara ɗaki. Na gyara. Na ce bari rana ta ɗan yi. Ta yi.

Ba tsoron haihuwa nake ba, na taɓa yi. Na san hatsarin barin ciki ya wuce lokaci, ni da kaina na sha faɗa wa mata. Zan je.

Kawai dai yanzu, a inda yake, ko wane gida ya faɗa cikin huɗun, jininsa lafiyayye ne. Babu abin da ke masa ciwo.

Ishiyaku ya sake leƙowa. Na ce masa gobe.